Me ya sa ba a ɗinke raunin harsashi ranar farko, kuma daga ina likitoci suka koyi haka?

Wata ɗaliba mai koyon aikin jinya a nan Damagaram ta aiko da tambaya. Ta ce abu biyu da aka koya musu a aji sun ɗaure mata kai. Na farko, an ce raunin harsashi ko na nakiya ba a ɗinke shi ranar da aka kawo mutum, ko da ramin bai fi shigar ɗan yatsa ba. Na biyu, garo, wato ɗaurin da ake yi wa hannu ko ƙafa don tsayar da jini, tsofaffin littattafai sun yi kashedi da shi, sababbi kuma suna cewa a ɗaura da wuri. Tana son ta san asalin wannan ilimi, da kuma wanda za ta riƙe.

Ɗiyata, tambayoyin naki biyu tushensu ɗaya. Mutuwa takan zo wa wanda aka harba ta ƙofa uku, kowace da lokacinta. Ta farko zubar jini, cikin mintoci. Ta biyu raunin da ke ɓoye a ƙirji ko ciki ko kai, cikin awowi. Ta uku ruɓa, cikin kwanaki. Garo na tsare ƙofar farko, barin miki a buɗe na tsare ta uku. Babu ɗaya daga cikin dokokin biyu da wani ya zauna ya ƙaga. A filin daga aka koye su, kuma sau da yawa an manta da su a lokacin zaman lafiya, sai wani yaƙin ya zo a sake biyan kuɗin karatun da rayuka.

Tun kafin bindiga masu magani suna rubuta abin da suka gani. Akwai wata takardar Masar ta wajen shekara 1600 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) mai ɗauke da bayanin raunuka 48, an jero su daga kai zuwa ƙasa, kowane da hukuncinsa: wannan zan yi masa magani, wannan zan fafata da shi, wannan babu abin yi. Maganinsu zuma ne da kitse da zaren lilin. A tarihin Musulunci kin san ranar Uhudu, da Nana Faɗima (RA) ta ga ruwa yana ƙara wa jinin fuskar Manzon Allah (SAW) gudu, ta ƙone guntun tabarma ta manna tokar, jini ya tsaya. Kin kuma san Rufaida al-Aslamiyya da hemarta a masallacin Madina, inda aka kwantar da Sa'adu bin Mu'azu (RA) bayan kibiya ta same shi a jijiyar hannu ranar Handaƙ. Jinin ya tsaya, bayan ƴan makonni raunin ya sake ɓallewa ya rasu. Har gobe muna ganin irin wannan: jijiyar da ta toshe da gudan jini tana iya sake buɗewa, galibi tsakanin kwana 7 da 14 idan miki ya harbu. Saboda haka majinyacin da aka gyara wa babbar jijiya ba a sakin jiki da shi don kawai ya kwana lafiya. Daga baya Abul Ƙasim al-Zahrawi na Ƙurɗuba, wanda ya rasu wajen 1013, ya yi babi guda a kan cire kibiya: yaushe ake jawo ta baya, yaushe ake tura ta ta fito ɗaya gefen, yaushe kuma ya fi a bar ta a jira.

Mu ma nan ƙasarmu ta san wannan. Kibiyar mayaƙan da tana da kunnuwa, idan aka fizge ta baya sai ta yi ɓarnar da ta fi ta shigarta. Dafin da ake shafa mata, na kwankwani, zuciya yake kamawa, shi ya sa ƙaramin rauni yakan kashe. Lifidi da sulke da kwalkwali duk don kibiya da mashi da takobi aka yi su. Da bindiga ta yawaita, musamman zamanin Sarkin Damagaram Tanimun da ya tara bindigogi har aka ƙera igwa a cikin Birni, sai lissafi ya sake. Lifidin da ke tare kibiya ba ya tare dalma, kuma abin da dalma ta ratsa, auduga ko tsumma ko fata, tana tura guntunsa cikin nama. Ki riƙe wannan, za mu dawo gare shi.

A Turai da bindiga ta bayyana, likitoci sun ga raunukanta suna ruɓewa fiye da na takobi, sai suka ɗauka albarushi dafi ne. Maganin da suka yanke shi ne a zuba tafasasshen mai a cikin ramin. A 1537, a yaƙin da Faransa ta yi a yankin Turin, man ya ƙare wa wani matashin wanzamin soji mai suna Amburuwaz Pare. Ya haɗa gwaiduwar ƙwai da man fure da man ƙaron itace ya shafa wa sauran. Da gari ya waye waɗanda aka ƙona suna ta zazzaɓi da kumburi, waɗanda ba a ƙona ba sun yi barci. Ya bar ƙuna daga ranar, kuma daga baya ya koma ɗaure jijiya da zare wajen yanke ƙafa maimakon lalas da jan ƙarfe. Abin da ya sa ake ambatonsa har yau shi ne ya kwatanta rukuni biyu na majinyata ya yarda da idonsa, bai tsaya ga abin da littafi ya ce ba.

Wanda ya gane cewa lokaci ma magani ne shi ne Dominik Lare, babban likitan fiɗa na Napoliyon. Kafin shi masu rauni kan kwana a fili har a gama yaƙi. Ya ƙera keken doki mara nauyi da ke shiga har bakin daga ya kwaso su, ya kuma kafa doka cewa wanda rauninsa ya fi tsanani shi ake fara gani, ba wanda ya fi girman muƙami ba. A yaƙin Borodino na 1812 an ruwaito ya yanke gaɓoɓi wajen 200 cikin kwana ɗaya. Ga kunnenmu wannan kamar rashin tausayi ne, amma a zamanin da babu maganin ƙwayar cuta, yanke ƙafa da wuri ya fi barin ta ta ruɓe ta tafi da mai ita. Bayansa Nikolai Pirogof na Rasha ya kai maganin sa barci filin yaƙi a 1847, ya kuma yi ɗori da filasta a yaƙin Kirimiya. A yaƙin nan ne Fulorens Naitingel ta nuna da alƙaluma cewa zawo da taifot da kwalara sun fi harsashi kashe soji. A yaƙin basasar Amurka, 1861 zuwa 1865, wajen kashi biyu cikin uku na mamatan cuta ce ta kashe su. Har ƙwayar zazzaɓin cizon sauro likitan sojin Faransa ne, Laberan, ya fara ganin ta a jini, a Aljeriya a 1880. Yaƙin Solferino na 24 ga Yuni 1859 kuma, inda dubban masu rauni suka kwanta babu mai ba su ko ruwa, shi ya haifar da ƙungiyar agaji ta Kuros Ruj a 1863 da yarjejeniyar Janeba a 1864. Dokar da ta fito daga nan ta shafe ki kai tsaye: mai rauni majinyaci ne, ba a tambayar ɓangarensa kafin a tsayar masa da jini.

Yanzu ga abin da harsashi ke yi a cikin jiki, don in ba ki gane shi ba dokar barin miki a buɗe za ta zame miki hadda kawai.

Ɓarnar harsashi ta fi dogara ga gudunsa a kan nauyinsa. In aka ninka nauyi, ƙarfi ya ninku sau biyu. In aka ninka gudu, ƙarfi ya ninku sau huɗu. Harsashin ƙaramar bindiga mai milimita 9 yana fita da gudun wajen mita 350 a daƙiƙa. Na Kalashinkof, mai nauyin giram 8, yana fita da sama da mita 700 a daƙiƙa, ƙarfinsa ya kai ninki huɗu na wancan. Tewodo Koher na Suwizalan ya fara gwada wannan tun shekarun 1870, yana harbin gwangwanaye cike da ruwa da wasu babu komai: na wofi ya huje kawai, mai ruwa ya tarwatse. Jikin mutum kuwa yawancinsa ruwa ne.

Harsashi mai gudu yana barin rami iri biyu. Akwai hanyar da ya murƙushe da kansa, ita ce ake gani. Akwai kuma wani kogo da ke buɗewa a bayansa na ɗan ƙiftawar ido, wanda faɗinsa kan ninka kaurin harsashin sau goma ko fiye, sannan ya rufe. Ki jefa dutse da ƙarfi cikin tabki ki dubi yadda ruwa ke darewa ya sake haɗewa. Haka nama yake yi. Wannan darewa tana tsinka ƙananan jijiyoyin jini nesa da hanyar harsashin, sai tsokar da ke kewaye ta rasa jini ta mutu a hankali. Lokacin da kogon ya buɗe kuma yana zuƙar iska ta ramin shiga da na fita, tare da ƙura da zaren riga. Maganar da ake yi cewa zafin harsashi na kashe ƙwayar cuta ba gaskiya ba ce, an gwada tun ƙarshen ƙarni na 19. Gaɓoɓi ba su jure wannan daidai ba. Huhu kamar soso yake, yana miƙewa ya dawo. Hanta da saifa da ƙwaƙwalwa ba su miƙewa, fashewa suke. In harsashi ya bugi ƙashi, ɓarɓashin ƙashin ya zama wasu harsasan. Gwaje-gwajen da Matin Fakla ya yi a Amurka a shekarun 1980 sun nuna harsashin Kalashinkof yakan yi tafiyar kusan santimita 25 a cikin nama kafin ya juya a kaikaice. Shi ya sa wanda ya ratsa tsokar dantse ya fita ba tare da taɓa ƙashi ba yakan bar ɗan rauni, amma wanda ya bi tsawon cinya ko ya ratsa ciki yakan yi mummunar ɓarna a can ciki, alhali a waje ba ki ganin komai sai ɗan huji. Girman ramin fata ba ya gaya miki girman rauni.

Nakiya ta fi haka muni, don ta hanya huɗu take ji wa mutum: bugun iska da ke fasa dodon kunne da huhu da hanji, ɓarɓashin ƙarfe da tsakuwa, jifan da take yi da mutum ya faɗi ya karye, sai ƙuna. Wanda ya taka ta, ƙasa da ciyawa da guntun takalmi suna cusuwa sama tsakanin tsokoki, har tafin hannu biyu ko fiye daga inda ƙafar ta tsinke. Wanda kuma yake kusa da fashewa ya ce ba ya ji sosai, a riƙe shi a duba numfashinsa na awowi, ko da babu jini a jikinsa.

To ki haɗa mataccen nama da datti da rami mai zurfi da babu iska, sannan ki ɗinke bakinsa. Kin gina wa ƙwayoyin cutar da ba su son iska ɗaki kin rufe musu ƙofa. Abin da ya faru ke nan a 1914, farkon Yaƙin Duniya na Ɗaya. Likitocin Turai sun shiga yaƙin da darasin yaƙin Afirka ta Kudu, inda ƙasa busasshiya ce kuma raunuka da yawa suka warke da ɗauri kawai. A gonakin Faransa da Beljiyam, waɗanda aka yi ɗaruruwan shekaru ana zuba musu taki, sai tetanos, ciwon da ke sarƙe haƙora, da ruɓa mai iska suka yi ta ɗibar mutane, har da sojin Afirka ta Yamma da Faransa ta kwasa. Allurar kariyar tetanos ga kowane mai rauni ta karya na farkon cikin ƴan watanni. Na biyun sai da aka koma ga wuƙa. Antuwan Depaj na Beljiyam da takwarorinsa suka tsayar da tsarin buɗe rauni, a yanke duk mataccen nama, a bar shi a buɗe, a ɗinke daga baya. Dama tun 1898 Bajamushe Firidirik ya nuna a jikin dabbobi cewa in aka yanke gurɓataccen nama kafin awa 6, ƙwayar cuta ba ta samun shiga jiki. A yaƙin ne kuma karan ɗorin ƙarfe na Tomas ya sauko da mutuwar masu karayar cinya daga wajen kashi 80 cikin 100 zuwa ƙasa da 20, kuma a 1917 Oswal Robatson ya fara ajiye jini a kwalba cikin ƙanƙara.

Ga yadda ake aikin a yau, kuma bai canza sosai ba. A ɗauki hoton ƙashi ta fuska biyu. A sa majinyaci barci sosai, don wannan ba aikin allurar kashe zafin wuri ba ne. Inda kayan aiki suka yi ƙaranci ketamin ake amfani da shi, miligiram 1 zuwa 2 ga kowane kilo ta jijiya. A wanke fata da sabulu da ruwa. A tsawaita raunin da wuƙa bisa tsawon gaɓa, ba a gicciye ba, har a ga ƙarshensa. Fata tana da jini sosai, milimita 2 zuwa 3 na bakinta kawai ake datsewa. Kitse kuwa ba a tausaya masa. Farar tantanin da ta naɗe tsoka a tsaga ta dogon tsagi don kumburi ya sami wurin fita. Tsoka ita ce ainihin aikin, kuma tambaya huɗu ake yi mata: launinta ja ne mai haske ko ya yi duhu, tana da tauri ko tana marmashewa, in an matse ta da hantsaki tana motsi, in an yanka tana jini? Wadda ta faɗi a cire ta. Guntun ƙashin da ya rabu da komai a fitar, wanda ke manne da tsoka a bar shi. Jijiyar motsi da agara ba a ɗinke su ranar, a gyara bakinsu a rubuta inda suke. A wanke da ruwa mai yawa, lita 3 ga matsakaicin rauni har zuwa 9 ga babba, a zuba a hankali ba da matsi ba. In ruwan gishiri na asibiti bai isa ba, tafasasshen ruwan sha da ya huce ya wadatar. Yawan ruwan ya fi tsadarsa amfani. Sannan a shimfiɗa busasshen ƙyalle a sakwarkwace, kada a cusa shi kamar ana toshe kwalba, a naɗa auduga mai kauri, a tallafe gaɓar da filasta ta baya, a ɗaga ta. A ba da penisilin ko makamancinsa, a ƙara metronidazol in rauni ya taɓa hanji ko ya yi datti ƙwarai, a yi allurar tetanos. Maganin ƙwayar cuta mataimaki ne, ba ya isa naman da jini ba ya zuwa.

Abin da ya fi wa ma'aikata da dangi wuya shi ne mataki na gaba: a ƙyale ɗaurin nan har kwana 4 ko 5. Buɗe shi kullum a ɗakin majinyata yana ƙara zafi, yana kuma shigo da ƙwayoyin asibiti. In ya jiƙe a ƙara auduga a bisa. Ɗaurin da ya kwana huɗu dole ya yi ɗan wari mai kama da na fitsari, wannan ba komai. Wanda ake tsoro shi ne wari mai tayar da zuciya tare da zazzaɓi, bugun zuciya da sauri, zafin da ya fi ƙarfin raunin, ruwa mai launin ƙasa, ko fatar da in an danna take ƙaras-ƙaras saboda iska a ƙarƙashinta. Wannan ɗakin tiyata zai koma a take, ko da tsakar dare. In kuwa komai lafiya, tsakanin kwana 4 da 7 a buɗe a ɗakin tiyata. In nama ja ne yana tsattsafo da jini, a ɗinke ba tare da jan fata da ƙarfi ba, in ba ta haɗuwa a dasa fata. Wuraren da aka keɓe kaɗan ne: fuska da fatar kai, don jininsu na da yawa, sai tantanin ƙwaƙwalwa da na ƙirji da na ciki da na mahaɗar ƙashi, waɗanda ake rufewa a bar fatar samansu.

Dangi za su matsa a ciro harsashi. Ki yi musu bayani da haƙuri cewa ba ƙarfen ne ke kashewa ba, hanyar da ya bi ce. Ana ciro shi in yana cikin mahaɗar ƙashi, inda dalma ke narkewa, ko yana danne laka ko babbar jijiya, ko yana tafin hannu ko na ƙafa, ko ya tara mugunya. In ba haka ba a bar shi. Shugaban Amurka Gafil da aka harba a 1881 ya yi sama da wata biyu likitoci suna laluben harsashi da yatsu marasa wanki, harbuwar raunin ce ta kashe shi. Ki kuma sa ido a kan ƙwauri: in zafi ya tsananta, tsoka ta yi tauri kamar itace, majinyaci ya yi ihu in an lanƙwasa masa yatsun ƙafa, kumburi ne ke shaƙe tsokar a cikin tantaninta. Jin bugun jini a ƙafar ba ya kore wannan, don shi ne ke ɓacewa a ƙarshe. Awa 6 ake da ita a tsaga.

Sai garo. Tun 1674 aka rubuta amfani da shi a yaƙi, Jan-Luwi Peti ya yi mai sukurori a 1718. Ya yi baƙin jini ne saboda a manyan yaƙe-yaƙe ana ɗaura igiya ko waya, a rufe da bargo, mutum ya kwana a hanya, a iske ƙafa ta mutu. Sai aka koyar da cewa shi ne dabara ta ƙarshe. Amma da aka bi diddigin mamatan yaƙin Biyetnam, aka ga da yawa jinin hannu ko ƙafa kawai ya kashe su. Bayan faɗan Mogadishu na 1993 likitocin sojin Amurka suka sake tsari a 1996, suka sa tsayar da jini a gaban komai. Binciken da aka buga a 2012 kan soji 4,596 da suka mutu a Iraƙi da Afganistan ya nuna kashi 87 cikin 100 sun cika kafin su isa asibiti, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na waɗannan ana iya ceto su, kuma tara cikin goma na waɗanda ake iya cetowar jini ne ya kashe su. Babban mutum lita 5 ce jininsa. Babbar jijiyar cinya in ta tsinke tana iya zubar da abin da zai kashe shi cikin minti 3 zuwa 5.

Don haka sababbin littattafan ne za ki bi, amma da sharuɗɗansu. Garo na jinin da ke tsartuwa ne ko ke malala ya ƙi tsayawa da danni, ko gaɓar da ta tsinke. Ba na kowane rauni ba ne, ba kuma na saran maciji ba. In babu na kanti, a ninke rawani ko kallabi ya kai faɗin yatsa uku, kada a yi da igiya ko waya ko robar taya siririya. A naɗa shi yatsa huɗu sama da raunin, ba a kan gwiwa ko gwiwar hannu ba, a ƙulla, a ɗora sanda mai ƙarfi ko sufana a sake ƙullawa, a murɗa har jini ya tsaya kuma bugun jini ya ɓace a ƙasa, sannan a ɗaure sandar kada ta warware. Zai yi zafi ƙwarai, zafin ba dalilin sassautawa ba ne. Kuskuren da ya fi yawa shi ne ɗauri sako-sako: ya toshe jijiyar da ke mayar da jini, ya bar mai kawowa, sai zubar ta ƙaru. In ɗaya bai isa ba a ƙara na biyu a samansa. A rubuta lokaci a goshin majinyaci, kada a rufe garon da mayafi. Tsohuwar koyarwar a riƙa kwancewa duk bayan minti 15 an yi watsi da ita, don kowace kwancewa jini ne ke tafiya.

Ga inda ƙasarmu ta bambanta da inda aka rubuta littattafan. A yaƙin Afganistan, galibi jirgi mai saukar ungulu ya riƙa kai sojin Amurka ga likita cikin awa ɗaya. Wanda aka ɗauko daga wani ƙauye bayan Tanut, wadda ita kanta tana wajen kilomita 150 daga nan, zai iya yini a hanya. Yaƙin Yukiren ya nuna abin da ke biyo baya in jigila ta yi tsawo: gaɓoɓin da aka rasa saboda garon da tun farko ba a bukace shi ba, ko aka manta da shi. Ƙasa da awa 2 garo ba ya yin lahani mai dorewa. Kafin cikar awa 2 ɗin, ma'aikacin lafiya na farko da ya karɓi majinyaci ya cusa ƙyalle har ƙasan raunin, ya danna da nauyin jikinsa minti 10 ba ɗagawa, ya naɗe da ƙarfi, sannan ya sassauta garon a hankali ya bar shi a wurin. In jini ya dawo a sake murɗawa. Ba a gwada wannan ga wanda jininsa ya riga ya faɗi ko gaɓarsa ta tsinke. In kuma garo ya wuce awa 6, ba a kwance shi sai a asibitin da ke iya lura da zuciya da ƙoda, don gubar da mataccen nama ya tara tana iya tsayar da zuciya. A hammata da matsematsi da wuya, inda garo ba ya zama, cusa ƙyalle da danni ne kaɗai dabara. Ƙasa, toka, garin taba ko kashin shanu da wasu ke zubawa hanyar tetanos ce kai tsaye. Duk wannan ba na yaƙi kaɗai ba ne. Ɗan kabu-kabun da mota ta take wa ƙafa ko manomin da aka sara a rikicin gona haka za a yi musu.

Abu biyu na ƙarshe game da jini. Wanda ya zubar da jini yana yin sanyi ko a watan bazara, balle a bayan buɗaɗɗiyar mota da daren hunturu, kuma jinin da ya sauka ƙasa da digiri 35 ba ya daskarewa da kyau. A cire jiƙaƙƙun tufafi, a shimfiɗa bargo a ƙasansa, a rufe shi da wani. Kada kuma a ɗura masa ledar ruwa bayan leda: ruwan gishiri na tsinka jini, yana sanyaya shi, yana tunkuɗe gudan da ya fara toshe jijiya. In yana magana kuma ana jin bugun jini a wuyan hannunsa, ya isa har a kai ga tiyata, sai dai mai raunin kai, wanda ke bukatar jininsa ya hau fiye da haka. Abin da ya zuba jini ne, jini ake mayarwa. Maganin taraneksamik, giram 1 ta jijiya cikin minti 10, wani giram ɗin cikin awa 8, an tabbatar a 2010 a kan majinyata sama da 20,000 cewa yana rage mutuwa, amma sai an ba da shi kafin awa 3. Bayan haka yana iya cutarwa.

In za ki tura majinyaci babban asibiti, takardar da za ta bi shi ta ƙunshi lokacin da aka ji raunin, lokacin ɗaura garo, adadin ramuka da wurin kowane da faɗinsa a santimita, bayan kin juya shi kin duba baya da hammata da tsakanin cinyoyi, sai bugun zuciya da awon jini na farko da na ƙarshe, magungunan da aka ba shi da lokacinsu, da ko an yi allurar tetanos. Kada ki rubuta wannan ramin shiga ne wancan na fita, ko ƙwararru suna kuskure a nan, kuma takardar tana iya zuwa gaban alƙali. Ki bayyana abin da idonki ya gani kawai, ki sa hannu.